Wai me ya hana soja hawa dutsen Mandara a gama da su?

Ɗan Gwoza, Idi-Araba: Salamu alaikum jama'ar gida. Ina da tambaya, kuma don Allah wanda ya san aikin soja ya amsa min, ba rigima nake nema ba. Tun 27 ga Maris 2015 soja suka ƙwato garin Gwoza daga hannun Boko Haram, ana gobe zaɓe, kowa ya tuna murnar da aka yi. To amma har yau mutanen nan suna kan dutsen Mandara, in kana Ngoshe ko Pulka ka ɗaga kai dutsen ne a gabanka, manomi yana zuwa gona zuciyarsa na dukan uku-uku, lokacin girbi su sauko su kwashe dawa su koma sama. Muna da igwa, muna da tankoki, an sayo jiragen Super Tucano 12 daga Amurka. Me ya hana a hau dutsen nan a gama? Wallahi abin ya daɗe yana cin raina.

Abba Waya, Ikeja: Wa alaikumussalam. Ni a ganina an wuce zamanin hawa dutse da ƙafa. Jirgi mara matuƙi kawai za a zuba musu dare da rana, duk wanda ya leƙo a sauke masa. Ku duba yaƙin Azabaijan da Armeniya na 2020, kwana 44 kacal aka gama, jiragen Bayraktar na Turkiyya ne suka yi aikin. Meye na tura 'ya'yan mutane su mutu a gangare?

Saje Mai Ritaya, Agege: Ɗan Gwoza sannu da haƙuri, Allah ya kawo mana ƙarshen abin. Abba ɗana bari in ba ka amsa tunda na ɗan taɓa aikin, na hau dutse da kaya a baya, ba a Mandara ba amma dutse dutse ne. Abu na farko da mutum zai gane, tanka bata hawa dutse, motar sulke iyakarta gindin dutse, daga nan sai ƙafarka. Kana ɗauke da bindiga, harsashi, gurneti, hular kwano, rigar sulke, ruwa, wani kuma an ɗora masa jigidar harsashin mashinga ko rediyo, kaya ya kai kilo 30 ko fiye. Hanyar hawa kuma ba fili ba ce da za ku bazu, yawanci 'yar siririyar hanya ce tsakanin manyan duwatsu, mutum ɗaya bayan ɗaya, kuma wanda ke sama ya san wannan hanyar sarai, ya riga ya saita mashinga a kanta ya binne nakiya a inda dole ka taka. Shi yana kwance a inuwa da tulun ruwansa yana kallonka tun kana ƙasa, kai kuma baka ganin komai sai dutse da hasken rana a ido. Mutum biyar a sama suna iya tsare mutum ɗari a ƙasa wuni guda. A littafin soja ana cewa mai kai hari ya ninka mai tsaro sau 3 a fili, to a dutse lissafin ya wuce haka nesa.

Sannan abin da ba a nunawa a bidiyo, in aka harbi mutum ɗaya a can sama, mutum huɗu ne za su sauko da shi a kan gadon ɗaukar majinyaci, wani wurin ma sai shida suna karɓa-karɓa. Kaga harsashi ɗaya ya cire maka mutum biyar daga faɗa.

Alhaji Mai Albasa, Mile 12: Saje maganarka ta shige ni. Ni kullum ina ganin yaran dako suna hawa gadar sama ta Mile 12 da buhu a ka, kafin su kai sama numfashi ya ƙare gwiwa na rawa, to ina ga wanda zai yi awa shida yana irin wannan hawan kuma ana harbinsa. Allah ya saka wa sojojinmu.

Abba Waya, Ikeja: Baba Saje ai maganata ka ƙarfafa. Tunda hawan akwai wahala haka sai a bar wa jirgi.

Malam na Obalende: Abba tsaya, misalin da ka kawo shi ne ma ya karya hujjarka. Gaskiya ne jirage marasa matuƙa sun ragargaza tankoki da igwar Armeniya a fili. Amma me ya kawo ƙarshen yaƙin? Garin Shusha ne, wanda ke kan tsauni da gangare a tsaye ta kusan kowane gefe. Sojojin Azabaijan na musamman da ƙafa suka ratsa daji da kwazazzabai da ƙananan makamai, suka hau ta inda ba a zata ba, aka yi faɗa gaba da gaba, a kwanakin ma hazo ya rufe sama jiragen basu yi wani tasiri ba. Ranar 8 ga Nuwamba 2020 aka sanar da kama garin, kwana biyu ba a cika ba aka sa hannu a tsagaita wuta. Jirgi ya share hanya, ƙafa ce ta kama wurin.

Kuma in kana son ka ga iyakar bam a kan dutse ka karanta Monte Cassino a Italiya, yaƙin duniya na biyu. Ranar 15 ga Fabrairu 1944 jiragen ƙawance suka rushe tsohon gidan ibadar da ke ƙololuwar dutsen suna zaton Jamusawa na ciki. Da ginin ya zama kufai sai sojojin laimar Jamus suka shige cikin ɓaraguzan, suka samu maɓoya da ta fi ta da. Hari huɗu aka kai daga Janairu zuwa Mayu, ƙawance suka yi asarar kusan mutum 55,000 tsakanin matattu da masu rauni, sai 18 ga Mayu sojojin Folan suka kafa tuta a sama. Kuma abin da ya sa Jamusawa suka janye, sojojin Faransa da mayaƙan Maroko 'yan dutse sun bi ta tsaunukan Aurunci da alfadarai suka ɓullo musu ta baya. Haka dutsen Tora Bora na Afghanistan a Disamba 2001, Amurka ta zuba bama-bamai iya zubawa, amma ba a rufe hanyoyin dutsen da isassun sojan ƙasa ba, Usama bin Laden ya tsallaka Pakistan.

Ɗan Gwoza, Idi-Araba: Malam wannan magana ta kogo haka take. Ni a can na tashi, akwai kogunan da in ka shiga da awaki babu mai ganinka, wani dutsen ya hau kan wani ya bar ɗaki a ƙasa, ga kuma gonakin da kakanninmu suka jera da duwatsu hawa-hawa, kowane hawa katanga ce da mutum zai laɓe. Jirgi zai wuce ya jefa abinsa, ƙura ta lafa su fito. Na yarda da wannan. Amma tambayata tana nan, wasu ƙasashen ai sun hau nasu sun ƙwace.

Malam na Obalende: Sun hau, kuma wanda ya fi kama hankalina shi ne Kargil, tsakanin Indiya da Pakistan a 1999. Bari in ɗan tsawaita don a nan ake ganin yadda aikin yake. A lokacin sanyi sojojin Indiya kan bar wasu sansanoninsu na ƙololuwa saboda ƙanƙara, sai ɓangaren Pakistan suka lallaɓa suka hau suka zauna, lokacin Janar Musharraf ne shugaban sojan Pakistan. Daga saman nan suna hangen babbar hanyar Srinagar zuwa Leh, duk motar da ta wuce suna iya kiran igwa a kanta. Kuma ku lura, makiyaya ne suka fara ganinsu a farkon Mayu suka kai rahoto, ba tauraron ɗan adam ba.

Da farko Indiya ta ɗauka 'yan tsiraru ne, aka riƙa tura soja su hau kai tsaye ba tare da isasshiyar igwa ba, aka yi ta kwasar gawa a dutsen Tololing kusa da garin Dras, har manyan hafsoshi suka mutu a gangaren. Jirage ma da suka shigo, cikin kwana biyu a ƙarshen Mayu Indiya ta rasa MiG biyu da helikwafta ɗaya. Kusan mako uku ana abu ɗaya. Sai suka canza salo, aka jawo manyan igwa Bofors masu bakin milimita 155 aka jera su da yawa, wasu ma aka saita su kai tsaye suna dukan ramukan ɓuya, soja kuma suka koma hawa da dare ta ɓangarori da yawa a lokaci guda. Ranar 13 ga Yuni Tololing ya faɗi. Daga nan sai Tiger Hill, tsayinsa ya haura mita 5,000, a irin wannan tsayin iskar da kake shaƙa kusan rabin ta Legas ce, taku kaɗan sai ka tsaya haki. Wata 'yar ƙaramar tawaga ta hau ta gefen da yake a tsaye kamar bango da igiya cikin dare, cikinsu akwai wani yaro ɗan shekara 19, Yogendra Singh Yadav, harsashi da dama suka same shi amma ya ja jiki ya jefa gurneti cikin ramin mashinga, ya kuma rayu, aka ba shi lambar yabo mafi girma ta ƙasarsu. Ranar 4 ga Yuli aka sanar da kama wurin. A ɗaya ɓangaren ma akwai Kyaftin Karnal Sher Khan na Pakistan da ya mutu yana jagorantar harin mayar da martani, har Indiyawan da kansu suka yaba jarumtarsa. Indiya ta ce ta rasa soja 527 a yaƙin duka. Wannan fa ƙasa ce mai runduna ta musamman ta dutse da makarantar koyar da yaƙin tsauni.

Saje Mai Ritaya, Agege: Malam Allah ya ƙara ilimi. Abin da ka faɗa na dare shi ne gaskiyar aikin. Da rana ba a hawa sai in an rasa yadda za a yi. Ana tashi bayan isha'i, an ɗaure duk abin da zai yi ƙara, ba sigari ba tocila ba tari, hannunka a kan jakar na gabanka, igwa tana dukan sama don su sunkuyar da kai, ku kuma kuna matsowa a bayan wutar, kusa sosai har ɓarɓashin dutse na zubo muku. Da igwa ta ɗauke, 'yan daƙiƙun nan kafin su ɗago su koma kan mashinga, a nan ake cin wuri ko a rasa shi. Daga nan kuma babu wani fasaha, gurneti ne da banati, rami bayan rami. Turawan Ingila ma a yaƙin Falkland na 1982 haka suka yi a dutsen Longdon, cikin dare da banati, suka rasa mutum 23 a wannan dutsen kaɗai.

Amma ni abin da nake so Ɗan Gwoza ya riƙe, hawa ba shi ne mai wuya ba, zama ne. Ka kama ƙololuwa da asuba, harsashinka ya kusa ƙarewa, ruwa ya ƙare, rabin mutanenka sun jigata, a daidai lokacin ne abokin gaba ke dawowa don ya san halin da kake ciki. In ka tsira daga wannan, to gobe fa? Kowane soja a zafin Borno yana buƙatar ruwa lita da yawa a rana, kuma kowace jarka a kan wani za ta hau, ta wannan siririyar hanyar da ake iya yi wa kwanton ɓauna. Na ga ƙato majiyi ƙarfi yana lasar murfin gora leɓensa ya tsattsage, ba harsashi ne ya kwantar da shi ba ƙishirwa ce. Rundunar da bata shirya masu kai ruwa da abinci na wata da watanni ba, zata hau ta sauko ne kawai.

Malam na Obalende: Kamar Hamburger Hill kenan a Biyetnam, Mayu 1969. Kwana 10 Amurkawa suna hawa, suka rasa mutum 72, suka kama dutsen, bayan kamar mako biyu suka tattara suka bar shi.

Maman Sadiq, Ojo: Salamu alaikum, ku yi haƙuri in sa baki. Maigidana soja ne kuma yana arewa maso gabas yanzu haka. Duk wanda ke rubuta a hau kawai a gama, don Allah ya tuna waɗanda za su hau ɗin suna da 'ya'ya. Ni in waya ta yi ƙara da tsakar dare sai na karanta duk addu'ar da na sani kafin in ɗauka. Ban ce kar a yi aiki ba, shi ya zaɓi aikinsa kuma ina alfahari da shi, amma in za a tura su a tura su da shiri, a san yadda za a sauko da wanda ya ji rauni. Ɗan Gwoza ban ce da kai ba, na san ku ma kuna cikin wuta.

Ɗan Gwoza, Idi-Araba: Hajiya wallahi na fahimce ki, Allah ya dawo miki da shi lafiya. Ni ma ƙanina a gona aka same shi, ya je cire wake, har yau matarsa da yaransa ni ke aika musu abin da na samu a kabu-kabu. Wasu danginmu kuma suna sansanin Minawao a Kamaru shekara da shekaru. Shi ya sa in na yi magana da zafi a yi min uzuri. Ba so nake soja ya mutu ba, so nake mu koma gida.

Alhaji Mai Albasa, Mile 12: Innalillahi wa inna ilaihi raji'un. Allah ya jiƙansa ya raya abin da ya bari.

Abba Waya, Ikeja: Allah ya jiƙansa. To amma ni har yanzu ban sauka daga maganata gaba ɗaya ba. Kargil 1999 ne, lokacin babu ƙananan jiragen nan da ake sarrafawa da hannu. Yanzu ƙaramin jirgi mai kyamarar gane zafin jiki zai nuna maka mutum cikin dare, zai iya kai ruwa da magani sama, zai iya shiga bakin kogo. Ko ba zai kama dutse ba ai zai rage gawa. Kuma mu sani su ma 'yan ta'addan sun fara amfani da shi, in bamu riga su ba su za su riga mu.

Saje Mai Ritaya, Agege: A nan kam na ba ka gaskiya ɗana. Da muna da ido a sama irin wannan a zamaninmu da mutane da yawa suna raye. Abin da ban yarda ba shi ne a ce ya maye gurbin ƙafa. Kyamara zata nuna maka mutum, bata gaya maka ko ɗan ta'adda ne ko matar da suka sace ce ta fito ɗiban ruwa, kuma kowa ya san akwai mata da yara da tsofaffi a hannunsu a can sama. Sai an je an gani da ido.

Malam na Obalende: Akwai misali na kusa da mu ma. Fabrairu 2013 sojojin Chadi suka shiga duwatsun Adrar Ifoghas a arewacin Mali tare da Faransawa, a faɗan ranar 22 ga wata kaɗai Chadi ta rasa soja 26, Mahamat Deby da ke mulki yanzu yana cikin kwamandojin rundunar. Sun bi kwari da kogo da ƙafa, suka kama rijiyoyin da mayaƙan ke sha, aka kashe Abu Zaid, ɗaya daga cikin kwamandojin Alƙa'ida, a wannan yankin. Nasara ce ta gaske. Amma ku dubi Mali yau. An share dutse, ba a samu wanda zai zauna ya riƙe ba.

Kuma mu 'yan Legas kullum muna wuce tarihin nan bamu sani ba. Barikin Dodan da ke nan Obalende, barikin Myohaung da na An a Yaba, Arakan a Apapa, duk sunayen wurare ne a ƙasar Bama, wato Myanmar ta yau, inda kakanninmu suka yi yaƙi da Japanawa a runduna ta 81 da ta 82 ta Afirka ta Yamma, a 1944 da 1945. Tsaunuka ne da dazuka inda mota bata shiga, kuma abin da ya bambanta su da sauran rundunoni shi ne suna da dubban sojoji masu ɗaukar kaya a ka, harsashi da abinci har da igwa da aka kwance gunduwa-gunduwa, jirgi kuma yana jefo musu guzuri daga sama. Da yawansu 'yan arewa ne, Hausa ce ma harshen bariki a lokacin. Wato matsalar da Saje ke faɗa ta kai ruwa da harsashi sama, kakanninmu sun taɓa warware ta da wuyansu.

Alhaji Mai Albasa, Mile 12: Ikon Allah. Kakana ya yi yaƙin Bama, muna yara yana nuna mana tabon da kaya suka bar masa a kafaɗa, in ruwan sama ya sauko sai ya ce wannan ai yayyafi ne a kan na can. Ban taɓa sanin sunan Dodan daga can ya zo ba.

Ɗan Gwoza, Idi-Araba: To Baba Saje, in kai aka ba wa aikin Mandara ya zaka yi? Ka faɗa mana a taƙaice.

Saje Mai Ritaya, Agege: Ni saje ne ba janar ba, amma tunda ka tambaya. Ba zan fara da hawa ba, zan fara da yunwa. Wanda ke kan dutse baya noma isasshe, baya ƙera batir, baya haƙo fetur, gishiri da magani da harsashi duk daga ƙasa suke zuwa, wani ne ke kai musu ko suke saukowa su ƙwata. Shi ya sa kake ganinsu lokacin girbi. In aka tsare gonaki da gaske har a gama kwashe amfani, aka tsare wuraren ruwa da rani, aka toshe masu kai musu kaya, rabin faɗan ya ƙare. Sannan dutsen nan rabi namu rabi na Kamaru, in ka matsa ta Ngoshe su zille ta Kirawa ko Ashigashiya su tsallaka, don haka dole rana ɗaya awa ɗaya sojan Kamaru su rufe nasu gefen, dama don irin haka aka kafa rundunar haɗin gwiwa mai hedikwata a Njamena. Sai kuma ku, Ɗan Gwoza. Da ɗan gari akan ci gari, babu taswirar da ta san hanyar awaki kamar wanda ya yi kiwo a wurin, mafarauta da 'yan sa-kai su ne idon soja, amma sai an kare su an kare iyalansu, don in soja ya tafi su ake bi gida. In an hau kuma a hau da niyyar zama, a kafa sansani a sama, a gyara hanyar da jaki ko babur zai kai ruwa, a riƙa canza mutane kafin su gaji, a buɗe ƙofa ga wanda zai miƙa wuya da matan da ke hannunsu. Wannan aikin shekara ne ko fiye, kuma za a rasa mutane, duk wanda ya ce maka ba za a rasa ba bai taɓa jin ƙarar mashinga daga sama ba.

Ɗan Gwoza, Idi-Araba: Na gode Baba. Maganar tsare gonaki ita ce ta fi damunmu yanzu, don wake da dawa sun kusa isa yanka. Akwai taron 'yan garinmu mazauna Legas ranar Lahadi bayan la'asar, zan karanta musu wannan bayanin naka, muna so mu rubuta takarda zuwa ga wakilanmu kan rakiyar manoma. In Malam zai samu lokaci ya duba mana rubutun kafin mu aika zan turo masa ta akwatin sirri.

Malam na Obalende: Turo kafin Juma'a in sha Allah, ka haɗa da sunayen ƙauyukan da nisan gonakin daga gari don takardar ta yi nauyi.